Akwatin Tambayoyi: Sunan Mary-Jane, Asalinsa da Ma'anarsa

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗaliba ce mai nazarin Turanci, kuma a cikin abubuwan da nake karantawa daga Ingila ina yawan cin karo da sunayen mata irin su Mary-Jane da Sarah-Jane da Lily-Rose, waɗanda ake rubutawa da karan ɗori a tsakiya. Mary-Jane ne ya fi yi mini daɗi a kunne. Na duba littattafai biyu na ma'anar sunaye, ɗaya ya ce ma'anarsa "tauraruwar teku mai alheri", ɗayan kuma ya ce "ɗacin da Allah Ya yi wa rahama", sai na rasa wanda zan kama. Ina asalin wannan suna, kuma me ya sa ake ɗora biyu su zama ɗaya?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Abin da za ki fara riƙewa shi ne, Mary-Jane sunaye biyu ne, kuma kowannensu ya yi tafiyarsa ta ɗaruruwan shekaru shi kaɗai kafin su haɗu a bakin mutanen Ingila. Saboda haka kuskure ne a fassara shi a dunƙule kamar jimla. Masu irin littattafan da kika duba sukan ɗebo ma'anar rabin farko su liƙa wa ta rabi na biyu domin a samu zance mai daɗin ji, alhali iyayen da suka fara haɗa sunayen nan ba wannan ne a ransu ba.

Mary ba baƙo ba ne a wurinki, domin shi ne Maryam. Asalinsa Ibrananci ne, wato Miryam, kuma mace ta farko da aka sani da shi a cikin Attaura ita ce 'yar'uwar Annabi Musa da Annabi Haruna. Daga Ibrananci ya shiga Girkanci da siga biyu, Mariam da Maria, harshen Latin ya karɓi Maria, Faransawa suka lanƙwasa shi ya koma Marie, daga wurinsu kuma Ingilishi ya samu Mary. Wajen ma'ana ne masana suka rarrabu. Wasu sun raba sunan gida biyu, suka ce "mar" ɗaci ne a Ibrananci, "yam" kuma teku, kalmar da take da 'yar'uwa a Larabci, wato "yamm", wadda Alƙur'ani ya yi amfani da ita a inda aka umarci mahaifiyar Annabi Musa ta jefa akwatin jaririnta cikin ruwa. Nan ne littafinki na biyu ya samo ɗacinsa. Wasu sun danganta shi da kalmar Ibrananci mai nufin tawaye ko taurin kai. Wasu kuma sun ce tunda a Masar aka haifi Miryam, kuma akwai sunayen Masarawa a cikin danginta, to ya fi kusa a nemo tushen sunan a tsohon harshen Masar, inda kalmar "mery" take nufin abin ƙauna. Wannan ra'ayi na ƙarshe ne ya fi kwanta mini, domin ya dace da wuri da zamani, kuma ya dace da abin da uwa za ta kira 'yarta.

Ita kuwa "tauraruwar teku" labarinta abin lura ne, domin kuskuren alƙalami ne ya haife ta. Jerome, malamin Kirista da ya fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Latin, wanda ya rasu a shekarar 420, ya bayyana sunan da kalmomin "stilla maris", ma'ana ɗigon teku. Daga baya masu kwafe littattafai da hannu suka canza harafi guda, "stilla" ya koma "stella", ɗigo ya zama tauraruwa. Da yake sabuwar ma'anar ta fi kyau, sai ta kama, ta shiga waƙoƙin coci, har matuƙan jiragen ruwa na Turai suka riƙe ta a matsayin laƙabin Nana Maryam. Laƙabi ne mai tarihi, amma ba shi ne ma'anar sunan ba.

A farkon zamanin Kiristanci a tsibiran Birtaniya ba a cika raɗa wa 'ya'ya wannan suna ba, saboda ana ganin ya fi ƙarfin mutum. Sai daga wajen ƙarni na 12 ya fara bazuwa a Ingila. Mutanen Ayalan ma har yau suna da siga biyu a harshensu: Muire ta mahaifiyar Annabi Isa ce ita kaɗai, sauran mata kuwa Máire ake kiran su. Da ya bazu kuwa bai yi da wasa ba. A ƙididdigar gwamnatin Amurka da ta fara daga 1880, Mary ne suna na ɗaya ga 'yan mata kowace shekara har zuwa 1946. Linda ya ture shi na shekara shida, ya dawo a 1953, bai sauka ba sai a 1962.

Jane kuma siga ce ta mata daga sunan John. Tushensa Yohanan na Ibrananci, wanda ma'anarsa ba ta da gardama: Ubangiji Ya yi alheri, ko Ya ji ƙai. Ya bi hanyar da Mary ya bi, ta Girkanci da Latin, har tsohon Faransanci ya fitar da sigar mata Jehanne. Ingilishi ya fara da Joan, wanda ya cika gari har ya zama sunan kowa da kowa, sai a ƙarni na 16 manyan gidaje suka karkata ga Jane domin su bambanta. Jane Seymour, matar Sarki Henry na Takwas ta uku, wadda ta haifa masa ɗa namiji a 1537 ta rasu bayan 'yan kwanaki, tana cikin waɗanda suka ɗaga sunan. Akwai kuma wani abu a tarihin Ingila da nake tunawa duk lokacin da na ga sunayen nan a haɗe. A watan Yuli na 1553 an ɗora wata yarinya mai suna Jane Grey a gadon sarauta, ta yi kwana tara kacal, sai Mary, 'yar Sarki Henry, ta karɓe mulki, kuma a watan Fabrairu na 1554 aka fille wa Jane kai a Hasumiyar Landan tana da shekara goma sha shida ko sha bakwai. Sunayen da suka taɓa zama na abokan gaba a kan karaga ɗaya, su ne daga baya iyaye suka ɗora wa 'ya ɗaya.

In kin koma baya fiye da haka kuwa, za ki ga tun asali maƙwabta ne. Wanda Kiristoci suke kira Yohanna Mai Baftisma shi ne Annabi Yahaya a wurin Musulmi, kuma Suratu Maryam ta buɗe ne da addu'ar Annabi Zakariyya da busharar haihuwar Yahaya kafin ta shiga labarin Maryam. A aya ta 13 ta wannan sura an siffanta abin da aka ba Yahaya da kalmar "hanan", wato tausayi, kuma tushenta ɗaya ne da "hanan" ɗin da ke cikin Yohanan. Haka nan babi na farko na Linjilar Luka ya jera labaran biyu gefe da gefe.

Saura batun ɗorin. Mutumin Ingila na da can suna ɗaya yake da shi sai na dangi. Masanin tarihi William Camden ya rubuta a 1605 cewa da wuya a ga mai sunan yanka biyu a ƙasar, kuma cikin 'yan misalan da ya iya kawowa har da sarkin lokacin, wanda aka raɗa wa Charles James. Al'adar ta fi ƙarfi a Faransa da sauran ƙasashen Katolika, inda ake son kowace 'ya ta ɗauki sunan Maryam sannan a ƙara mata na wata waliyyiya ko na kaka, abin da ya haifar da Marie-Claire da Marie-Thérèse da Marie-Antoinette. Matar Sarki Charles na Ɗaya, wadda aka auro daga Faransa a 1625, sunanta Henrietta Maria, kuma daga sunanta jihar Maryland ta Amurka ta samu nata. A ƙarni na 18 da na 19 sunaye biyu suka zama ruwan dare a Ingila, kuma dalilin a fili yake: in gida ɗaya yana da uwa Mary, da kaka Mary, da 'ya Mary, dole a nemi abin da zai raba su in an yi kira. Sai wannan ta zama Mary Ann, waccan Mary Ellen, ta ukun Mary Jane. A kudancin Amurka abin ya zama alamar yankin, inda ake jin Mary Beth da Betty Sue da makamantansu. Yawancin mutanen wancan zamani ba sa sa karan ɗori, suna barin fili ne kawai tsakanin sunayen. Shi karan ya yawaita ne daga baya, kuma aikinsa guda ne: yana shaida wa mai karatu cewa wannan suna ɗaya ne, a faɗe shi cikakke, kada a yanke rabi a ce na tsakiya ne.

Tambaya: Malam, barka da aiki. Ina zaune a Ingila, mijina Bature ne, kuma muna jiran haihuwar 'ya mace nan da wata biyu in Allah Ya yarda. Surukata ta ba da shawarar a sa mata Mary-Jane, domin Mary sunan mahaifiyarta ne, Jane kuma na ƙanwarta da ta rasu. Ni ma ina son sa, tunda na san Maryam ne. Amma wata abokiyar aikina ta ja ni gefe ta ce a Turanci haka ake kiran tabar wiwi, kuma za a riƙa tsokanar yarinyar a makaranta. Hankalina ya tashi, ga shi ba na son in ɓata wa surukata rai. Me za ka ce?

Amsa: Allah Ya sauke ki lafiya, 'yar'uwa, Ya raya abin da za ki haifa. Abokiyar aikinki ba ƙarya ta yi ba, kuma ba zan ɓoye miki ba. Kalmar da Amurkawa suke kiran wiwi da ita, "marijuana", daga Sifaniyancin Meziko ta shigo musu, kuma kunne yana jin ta kamar sunayen mata biyu, María da Juana. Juana kuwa ita ce Jane a Sifaniyanci. Sai masu shan abin suka juya ta zuwa Mary Jane tun a rabin farko na ƙarni na 20, domin su yi zancensu a ɓoye. Sara ce ta Amurka tun farko, amma waƙoƙi da fina-finai sun kai ta ko'ina, saboda haka ki sa a ranki cewa wata rana wani zai faɗa wa 'yarki wannan magana, mai yiwuwa lokacin da ta shiga sakandare.

Amma ki auna wannan da sauran abin da sunan yake ɗauke da shi, domin ya girmi saran da ɗaruruwan shekaru. In kin shiga kantin takalman yara a can inda kike, kika ga takalmin 'yan mata mai zagayayyen baki, mai ɗan maɗauri guda da ya ratsa bayan ƙafa, irin wanda ake sawa da fararen safa a tafi makaranta, ki tambayi mai kanti sunansa, zai ce miki Mary Jane ne. Ya samu sunan daga wata yarinya a cikin zanen barkwanci na jaridun Amurka da aka fara bugawa a 1902, wanda wani kamfanin takalma na birnin St. Louis ya sayi izinin amfani da shi a 1904. Ga wasu iyaye mata a Ingila, wannan takalmi ne yake zuwa musu a rai in an ambaci sunan, tare da duk abin da yake tunatarwa na ƙuruciya da tsabta.

Akwai kuma matan da suka ɗauke shi suka fita kunyarsa. Mary Jane Seacole an haife ta a birnin Kingston na Jamaika a 1805, mahaifinta sojan Sikotilan ne, mahaifiyarta kuma mai maganin gargajiya ce. Da Yaƙin Kirimiya ya ɓarke ta nemi a tura ta jinyar sojoji aka ƙi, sai ta tafi da kuɗinta a 1855, ta kafa masauki kusa da Balaclava, tana ciyar da sojoji tana ɗaure musu rauni har suka riƙa kiran ta uwa. Tun 2016 mutum-mutuminta yana tsaye a harabar Asibitin St Thomas a Landan, yana fuskantar majalisar dokoki daga ƙetaren kogi, kuma kina iya kai 'yarki ta gan shi in ta yi wayo. A Amurka akwai Mary Jane Patterson, wadda ta kammala digiri a Kwalejin Oberlin a 1862, a lokacin da ake tsakiyar yaƙi kan bauta, kuma ana lissafa ta a matsayin baƙar fata mace ta farko da ta samu irin wannan digiri a ƙasar. Sai Mary Jane McLeod Bethune, wadda aka haifa a 1875 ga iyayen da suka taɓa zama bayi, ta buɗe makaranta a Daytona a 1904 da 'yan mata biyar da dala ɗaya da rabi, makarantar da ta zama jami'a daga baya, ita kuma ta zama mai ba Shugaba Roosevelt shawara. Dukansu uku baƙaƙen fata ne, kuma ina ganin wannan ba ƙaramin abu ba ne ga yarinyar da za ta tashi da jinin nahiyoyi biyu.

Kina iya tambaya me ya sa Turawan Ingila suke son irin wannan suna haka. Wani ɓangare na amsar yana cikin kunne. Ki faɗe shi a hankali: gaɓa uku ne, ta farko da nauyi, ta tsakiya sassauƙa, ta ƙarshe doguwa wadda murya take sauka a kanta ta huta. Shi ya sa yake da daɗin kira daga nesa, yake kuma da daɗin rarrashi. Ki duba sunayen da suka cika rajistar haihuwa ta Ingila da Wales a shekarun baya-bayan nan, irin su Lily-Rose da Ellie-Mae da Gracie-May, za ki ji kusan duka a kan wannan kari aka gina su, tsohon kari na Mary-Jane da Mary-Ann. Ɗayan ɓangaren kuma shi ne, Mary shi kaɗai ya yi yawa, Jane shi kaɗai kuma har habaici Turawa suke yi da shi ga macen da ba ta da ado, kotunan Amurka ma Jane Doe suke rubutawa in ba a san sunan mace ba. Amma da aka haɗa su sai suka ba da wani abu da kowa ya san yadda ake faɗa da rubutawa, ba tare da ya zama na kowa ba. Dalili mafi girma kuwa shi ne irin na surukarki: suna ɗaya ya raya mutum biyu da aka rasa.

Ra'ayina shi ne kada wannan sara ta hana ki. Tsokanar yara ba ta barin kowane suna, kuma wanda yake da tushe irin wannan yana da abin da zai tsaya a kai. Sai dai ki gaya wa mijinki damuwarki tun yanzu, ku yi maganar ku biyu kafin ta kai ga surukarki, domin shi ya fi ki sanin yadda sunan yake sauka a kunnen mutanen garinsu. In kuka ga zuciyarki ba ta natsu ba, akwai mafita mai kyau. Kuna iya raɗa mata Mary-Anne, ku ajiye Jane a matsayin suna na tsakiya. Anne daga Hannah yake, wato Hannatu, kuma tushensa shi ne wancan "hanan" na alheri da tausayi da ke cikin Jane, ga shi kuma a al'adar Kiristoci da cikin littattafan tafsiri shi ne sunan mahaifiyar Nana Maryam. Ta haka ma'anar ba ta ɓace ba, kakar tana nan, ƙanwar ma tana nan a takarda. Kuma ba a matse kike ba, domin dokar Ingila da Wales ta ba iyaye kwana 42 su yi rajistar haihuwa, sannan ana iya canza sunan yaro a rajistar cikin wata 12 na farko.

Tambaya: Malam, wanne ne daidai wajen rubutu: Mary-Jane, ko Mary Jane, ko Maryjane? Kuma karan ɗorin yana jawo matsala a takardun hukuma?

Amsa: Duk ukun ana amfani da su, Malam, kuma wanda aka rubuta a takardar haihuwa shi ne daidai ga mai sunan. Mai karan ɗori ya fi yawa a Birtaniya, mai fili a tsakani ya fi yawa a Amurka. Bambancinsu a aikace yake fitowa. In an bar fili, ma'aikacin banki ko na asibiti yakan ɗauki Jane a matsayin suna na tsakiya ya kira mace Mary kawai, ita kuwa ta yi ta gyara masa. Karan yana maganin wannan, amma shi ma yana da nasa cikas, domin wasu manhajojin kwamfuta ba sa karɓar sa. Hukumar tsaron zamantakewa ta Amurka, wadda take fitar da ƙididdigar sunaye, tana share karan da filin duka, ta lissafa sigogin uku a matsayin suna ɗaya. A fasfo kuma, in ka duba layuka biyu na ƙasan shafin hoto, waɗanda na'ura take karantawa, ba za ka ga karan ba, domin ƙa'idar ƙasa da ƙasa ta sa a musanya shi da alamar cike gurbi mai kama da bakin kibiya. Saboda haka in tikitin jirgi ya fito da sunan a haɗe ko a rabe, ba abin tashin hankali ba ne, matuƙar haruffan sun yi daidai da na fasfo. Abin da ya kamata iyaye su kiyaye shi ne su zaɓi siga ɗaya tun ranar rajista, su bi ta a takardar makaranta da ta asibiti da ta banki, domin saɓani tsakanin takardu ne yake jawo tambayoyi a gaban jami'in shige da fice.